Molon Gona: Yadda Za Ka Ƙera Fasahar Noma da Sauti a Duniyar Ƙagaggen Labarinka

Marubuci zai zauna ya ƙago duniyarsa tun daga tushe, ya raɗa wa garuruwa suna, ya naɗa sarakuna, ya shirya yaƙe-yaƙe, amma da an zo kan abin da mutanen za su ci sai ya taƙaita da jimla guda: "a ƙasar nan da sauti ake noma." Mai karatun da ya taɓa riƙe fartanya ba zai bari a wuce haka ba. Wane irin sauti? Me ke fitar da shi? Kunya nawa yake ratsawa kafin ya mutu? In abin ya lalace ana tsakiyar fure, wa ake kira? Wannan jagora za ta bi da kai mataki-mataki har ka ƙera na'ura guda mai sassa da awo da lahani, wadda za mu kira molon gona. Na'urar ƙage ce, babu ita a kasuwa, amma duk lissafin da ke ƙarƙashinta na duniyarmu ne, kana iya sake auna shi da kanka.

Mataki na farko: nemo abin da duniyarka ta rasa

Manomi ba ya ɗora wa kansa ɗawainiyar waya da ƙarfe sai dole ta sa. Saboda haka kafin ka zana komai, ka yanke abin da babu shi a ƙasar. Mafi dacewa da sauti shi ne rashin mai yi wa fure barbara.

Ga dalili. Furen tumatir, da na yalo da gauta, ba ya sakin garinsa da sauƙi. Garin yana cikin wasu siraran bututu da ke tsakiyar furen, sai an girgiza yake zubowa, kamar yadda ake kaɗa gishiri daga gwangwani mai ƙananan huda. A fili iska tana yin wani ɓangare na aikin. Sauran kuma na wasu manyan ƙudaje ne, dangin ƙudan zuma, waɗanda ke cafke furen su kaɗa tsokar fukafukansu sau ɗaruruwa a sakan guda, galibi tsakanin 100 da 400. Ƙudan zuman da muke sa wa amya bai iya wannan ba. Masu noman tumatir a ɗakunan gilashi na Holan da Beljiyam sun daɗe suna bin fure da sandar lantarki mai kaɗawa, har zuwa ƙarshen shekarun 1980 da aka fara kiwon waɗancan manyan ƙudaje ana sayar musu.

To, ka ba duniyarka kwaruruwa masu zurfi da aka rufe samansu saboda guguwar ƙura, inda iska ba ta motsa ko ganye, ƙudajen kuma sun ƙare tun zamanin kakanni. A irin wannan wuri tumatir zai yi fure ya kakkaɓe ba ɗa. Yanzu na'urarka ta sami dalilin zama.

Muna ba ka shawara ka ga abin da idonka kafin ka rubuta shi. Samu burushin goge haƙori na lantarki, ka je gindin tumatir da hantsi bayan raɓa ta bushe, ka ɗora bayan burushin a kan sandar da ke riƙe da furen na sakan ɗaya ko biyu, ka tara baƙin gilashin wayarka a ƙasa. Wata 'yar ƙura ruwan ɗorawa za ta sauka a kai, siririya kamar hayaƙi. Wannan ƙurar ita ce dukiyar ƙasar da kake ƙagowa.

Mataki na biyu: dokoki uku da ba za ka karya ba

Ta farko, sauti yana raguwa da nisa, kuma da sauri. A fili, duk sanda nisa ya ninka, ƙarfinsa yana faɗuwa da desibel 6 (desibel shi ne ma'aunin ƙarfin sauti). In ƙaho yana ba da desibel 100 a mita 1, zai zama 94 a mita 2, 88 a mita 4, 76 a mita 16, 64 a mita 64, wato bai fi hirar mutum biyu ba. Hekta guda kuwa mita 100 ce tsawo da faɗi. Wannan kaɗai ya isa ya rushe hasumiyar nan da marubuta ke son kafawa tsakiyar gari tana busa wa dukkan gonaki. Na kusa da ita zai kurumce, na nesa ba zai sami komai ba.

Ta biyu, sautin da ya biyo iska ba ya iya girgiza fure yadda ƙuda ke yi. Kusan dukkansa yana dawowa baya in ya daki abu mai tauri. Ƙudan yana nasara ne domin ya riƙe furen da jikinsa. Ke nan dole na'urarka ta taɓa shukar, ta waya ko sanda ko ƙasa.

Ta uku, kowane sauti da tsawon zangonsa. Masu sauraron rediyo sun san gajeren zango da matsakaicin zango, haka abin yake a nan. Sauti yana gudun kimanin mita 343 a sakan a cikin iska, a ruwa kuwa wajen 1,480. Raba gudun da yawan kaɗawa, ka sami zango. Ana auna yawan kaɗawa da hatiz, wato sau nawa a sakan. Kunnen ɗan Adam yana ji daga hatiz 20 zuwa 20,000. Ka riƙe maganar zangon nan, ita ce za ta haifar da babbar masifar da ke gaba.

Zancen cewa shuka tana jin daɗin kiɗa har ta ƙara saurin girma ba shi da tushe mai ƙarfi. Ka bar shi. Abin da ke da tushe ya fi shi ban mamaki, za mu zo kansa.

Mataki na uku: haɗa molon

Dabarar tura kaɗawa ta waya ba daga sama muka ɗauko ta ba. A yankin Tarentino da ke arewacin Italiya masu bincike sun maƙala ƙananan na'urori a turakun gonar inabi, kaɗawa na bin wayoyin da inabin ya naɗe, domin su rikita wani ƙwaro da namiji da macensa ke kiran juna ta jikin ganye. Abin da za mu yi shi ne mu mayar da wannan hannun maƙera da makaɗa.

Sashe na farko tsarkiya ce: wayar ƙarfe mai tauri, kaurin milimita 1, tsawon mita 25. Irin wannan waya nauyinta kusan giram 6 ne a kowace mita. A ƙarshen kunya ana kafa turke mai ƙarfi, a ɗaure ta. A ɗaya ƙarshen kada ka ɗaure, ka ratsa ta kan ƙaramin gargare ka rataya mata dutse mai nauyin kilo 20. Dalili kuwa ƙarfe yana miƙewa da zafi. Wayar mita 25 za ta ƙara kusan milimita 6 in zafi ya hau da digiri 20 tsakanin asuba da azahar. In a ɗaure take tamau, za ta saki, muryarta ta sauka. Dutsen da ke lilo shi ke riƙe da ɗaurin daidai yini guda, ba sai an taɓa ba.

Sashe na biyu jaki ne, irin ɗan katakon nan da ke ɗage tsarkiyar goge ko garaya daga fata. Za ka sa guda biyu a bakin kunya, tazarar santimita 25 a tsakaninsu. Da wannan kauri da wannan dutse, kaɗawa tana gudun kimanin mita 178 a sakan a jikin wayar, kuma guntun da ke tsakanin jakunan zai yi kuka a wajen hatiz 350, daidai muryar da fure ke so. Jaki na biyu ya zama mai ɗan laushi, a kan fata, domin ya bar kaɗawar ta zarce cikin gona. In kana son sauya murya, ga ƙa'ida: rage tazarar da rabi, murya ta ninka. Ta wajen nauyi kuwa sai ka ninka dutsen sau huɗu kafin murya ta ninka, kuma kilo 80 zai tsinka waya marar kyau ta zane fuskar mai aiki. Shi ya sa ma'aikatan ƙasarka za su riƙa matsar da jaki, su ƙyale dutse.

Sashe na uku shi ne abin da ke kaɗa tsarkiyar. Hanya biyu ce. Ko faifan katako mai santsi da aka shafa wa ƙaro yana gogar wayar kamar yadda izga ke yi a goge, wannan ya fi daɗin ji amma ƙura tana cinye ƙaron. Ko kuma faifai mai haƙora 70 da ke bugun wani ɗan harshen ƙaho da ke jingine da wayar. In faifan ya juya sau 5 a sakan, 70 sau 5 ya ba ka 350 cif. Mutum yana taka feda sau ɗaya a sakan ba tare da ya gaji ba, don haka sarƙa da ƙafafun da ke ninka juyi sau biyar sun wadatar. Mun fi son wannan ta biyun a labari, domin mai karatu yana iya lissafa ta a kansa, kuma haƙoran suna cinyewa, wanda zai ba maƙeri abin yi kowace shekara.

Sashe na huɗu, wanda aka fi mantawa, shi ne maɗauri. Kowace shuka ana haɗa ta da waya da ɗan guntun kara ko gora mai tsaga biyu, kai ɗaya ya ciji waya, ɗayan ya riƙe jikin shukar dab da reshen fure. Zare ko tsumma ba za su yi ba, abu mai laushi yana shanye kaɗawa. Shuka kuma tana tsawo, fure yana hawa sama, saboda haka duk mako sai an bi an ɗaga maɗauran. Aikin yara ke nan da tsofaffi a ƙasarka, kuma shi ne ya fi cin lokaci.

Yanzu lissafin hekta. Kunyoyi 100, tazarar mita 1, kowace ta kasu huɗu: tsarkiya 400, waya kilomita 10, ƙarfe kusan kilo 60, duwatsu 400. In shuka na kowane santimita 50, maɗauri 20,000 ke nan. Kan molon da fedarsa ba sai kowace tsarkiya ta samu nata ba, guda ɗaya a kan amalanke ya isa, ana tura shi daga wannan baki zuwa wancan. Ka ga tun nan labari ya fara fitowa da kansa: wa ke da amalanken, wa ke jiran layi, gonar wa ake fara yi wa.

Mataki na huɗu: yadda ake kaɗa shi

Lokaci ya fi ƙarfi muhimmanci. Da sassafe garin fure yana da danshi, yana dunƙulewa ya ƙi fita. In rana ta take, zafin da ya haura digiri 35 yana lalata shi ko ya fito. Ke nan hantsi ne lokacin, kuma a rufaffen kwari dole a buɗe tagogi tururi ya fita tukuna. Kowace tsarkiya sakan 5 zuwa 10 ya ishe ta a tsarinmu, sau uku a mako muddin ana fure, domin furanni ba rana guda suke buɗewa ba. In ka ba kowace tsarkiya minti guda har da tura amalanke, hekta za ta ci kusan awa bakwai, hantsi kuwa bai kai haka ba. Sai dai a raba gonar kwana biyu ko a samu molo uku. Irin wannan ƙuncin ne ke sa fasaha ta yi kama da gaske.

Abin da ke lalacewa, da dalilinsa

A nan ne ya kamata ka daɗe, domin a nan mai karatu ke yarda da kai.

Babbar masifa ita ce mataccen gurbi. Kaɗawar da ta tafi ƙarshen waya tana dawowa ta haɗu da mai zuwa, sai a sami wuraren da waya ke rawa sosai da wuraren da ba ta motsi ko kaɗan. Ɗora 'yan guntayen takarda a kan tsarkiyar da ke kuka, wasu za su yi tsalle su faɗi, wasu su zauna daram. Tazarar matattun guraben rabin zango ce, wato a wayarmu santimita 25. Duba kuma tazarar shukarmu: santimita 50, ninkin 25 daidai. In shukar farko ta faɗa a mataccen gurbi, duk hamsin ɗin sun faɗa. Molo zai yi ta kuka mako shida, kowa na jin sa, kunya guda ba ɗa ko ɗaya, ta kusa da ita kuwa ta yi lodi. Mutanen ƙasarka za su ce sammu ne ko maita, har wani ya lura da takardar da ta ƙi faɗuwa. Maganin yana hannun makaɗin kalangu: kada a tsaya a murya guda. Mai feda ya riƙa hawa da sauka tsakanin hatiz 300 da 400, guraben su yi ta matsawa, kowace shuka ta sami rabonta.

Ta biyu, wutsiyar kunya. Kowane maɗauri yana ɗibar kasonsa na ƙarfi, na ƙarshe sai saura. Alamarta 'ya'yan da ke nesa su fito ƙanana, masu kusurwa, cikinsu fayau ba iri sosai, domin girman tumatir yana bin yawan irin da ya samu. Ana magance ta da kaɗawa daga wannan kai yau, jibi daga wancan. Wannan ne ma dalilin da bai kamata tsarkiya ta wuce mita 25 ba.

Ta uku, wuce gona da iri. Sabon ma'aikaci zai ga kamar ƙarin ƙarfi ƙarin amfani ne, sai fure ya kakkaɓo, maɗauri ya goge bawon shuka ya bar rauni, cuta ta shiga. Kuma tun da maɗaurin ana cire shi daga wannan shuka a sa wa waccan, shi da kansa yana yawo da cuta in ba a dafa shi a ruwan zafi ba. Sai tsatsa, wadda ke sauya nauyin waya ta ɓata murya, da ciyawar da ta taɓa tsarkiya ta shanye kaɗawa ba wanda ya sani.

In kana son faɗaɗa fasahar

Akwai wasu ƙofofi na gaskiya da za ka iya shiga. A 2014 Heidi Appel da Rex Cocroft na Jami'ar Mizuri a Amurka sun naɗi kaɗawar da tsutsa ke yi in tana taunar ganyen wata ƙaramar ciyawa dangin kabeji, suka sake kunna wa wasu ciyayin irinta. Da tsutsa ta zo daga baya, waɗanda suka ji taunar sun fi fitar da sinadarin kare kai, kaɗawar iska kuwa ba ta sa su yin haka ba. A ƙasarka ana iya samun faifai na biyu mai haƙora marasa tsari, "faifan tauna", da ake kaɗawa gabanin lokacin tsutsa. Ka sa masa farashi: shukar da kullum take cikin shirin yaƙi ƙarfinta yana tafiya can, 'ya'ya su ragu.

A 2023 masu bincike na Jami'ar Tel Abib, cikinsu har da Lilach Hadany, sun nuna cewa tumatir da taba suna fitar da 'yan ƙararraki in ƙishi ya kama su ko an yanke su, wajen 30 zuwa 50 a awa, alhali mai ƙoshin ruwa da ƙyar yake yin ɗaya. Sautin yana tsakanin hatiz 40,000 da 80,000, sama da jin mutum. Kyanwa kuwa tana ji har wajen 64,000. Ƙasar da ruwa ke da tsada tana iya horar da wata dabba mai irin wannan kunne ta riƙa nuna kunyar da ke kuka. Amma ka tuna sauti mai tsini haka iska tana cinye shi, fiye da desibel ɗaya a kowace mita, don haka sai dabbar ta bi kunya-kunya. Kuma ƙarar tana hawa ne cikin kwanakin farko na ƙishi, in shuka ta bushe sarai sai ta yi shiru. Mai ban ruwan da ya ɗauki shiru a matsayin lafiya zai yi asara.

Na ƙarƙashin ƙasa ma akwai. A garin Sopchoppy na jihar Fulorida masu neman tanar kamun kifi suna kafa turken katako su goga masa faffaɗan ƙarfe, tana ta yi ta fitowa ɗaruruwa. A 2008 Kenneth Catania ya nuna cewa gudu suke yi, sun ɗauka wata dabba ce mai haƙa rami da ke cin su. Darasin ga marubuci shi ne halitta tana amsa sautin da ke da ma'ana a rayuwarta. In kana son ganga ta kori ƙwaron ƙasa, sai ka fara ƙago abin da ke farautarsa. Haka masu bincike a Japan suka yi amfani da irin kukan jemage wajen hana wani malam-buɗe-littafin dare yin ƙwai a gonakin albasa, shi kuwa dangi ne na wanda ke haifar da tsutsar nan mai cin masara da ta shigo Afirka ta Yamma a 2016.

Game da tsuntsaye kuwa, duk wanda ya yi tsaron gero ko shinkafa daga jan-baki da igiya da gwangwanaye ya san ƙarshen zancen: kwana kaɗan su saba, su sauka kan igiyar ma. Sautin da ba ya tare da haɗari na gaske ba ya daɗewa yana tsorata su, dole a riƙa sauya shi da wurinsa, a haɗa da majajjawa. Kuma kada ka rubuta cewa an kore su da sautin da mutum ba ya ji, tsuntsu ma ba ya jin sa.

Mutanen da ke bayan molon

Mu da muka gaji gangar noma, inda makaɗi ke bin 'yan gayya yana zuga su, ba mu rasa samfurin da za mu ɗora wannan sana'a a kai ba. A ƙasarka makaɗi ya tashi daga mai ƙara wa manomi kuzari ya koma wanda in bai zo ba babu amfanin gona, kuma hakan zai taɓa matsayinsa, da aurensa, da abin da sarkin noma ke biyan sa. Ka yanke ko gado ake yi ko koyo, da wanda ke riƙe da ƙarfen awon murya da ake daidaita dukkan molaye da shi.

Ka kuma ba sana'ar ciwonta. Zama cikin ƙarar desibel 85 awa takwas kullum yana cin kunne, kuma duk ƙarin desibel 3 yana rage lokacin da rabi: 88 awa huɗu, 91 awa biyu, 94 awa ɗaya. Mai feda yana zaune ne taku ɗaya daga faifai mai haƙora. Siririyar murya ce ke fara ɓace masa, sai ya riƙa jin ana magana amma bai rarrabe kalmomi, musamman a cikin taro. Saboda haka a rubutunka matasa su toshe kunne da auduga da kakin zuma, a riƙa karɓa-karɓa duk bayan awa guda, tsofaffin ma'aikata kuma su auna murya ta hanyar ɗora ɗan yatsa a kan tsarkiya ko cizon sandar da ke jingine da jaki, domin ƙashin kai yana kai kaɗawa cikin kunne ba tare da ta bi ta iska ba.